Kasuwar Dalma

Ranar Asabar da safe Frau Gundula, mai gidan abincin da ƙungiyarmu ke hayar ɗaki a samansa, ta hau bene don ta kunna mana murhu. Ta tarar da taga a buɗe, sanyi ya cika ɗakin, babban kabad ɗin gilashi kuma ƙofofinsa biyu a wangale. Babu komai a ciki sai koren ƙyallen da aka shimfiɗa a ƙasansa. An ɗauke Kasuwa.

Kafin in gama ɗaura takalmi labarin ya gama Tannroth. Garinmu ba shi da girman da magana za ta gaji a hanya.

Mu 'yan ƙungiyar nan tsofaffi ne masu tara 'yan mutum-mutumin dalma, irin falle-fallen nan masu kaurin kwabo da ba su kai tsayin ɗan yatsa ba, waɗanda ake zubawa a cikin sassaƙaƙƙen dutse sannan a yi musu fenti. Wasunmu kuma tsofaffin kwalayen jirage da motocin wasa da ake harhaɗawa suke tarawa, ba su taɓa buɗe ko ɗaya ba, wai darajar ke nan. Matanmu na kiranmu yara masu furfura. Ni dai likitan haƙori ne da ya yi ritaya, kuma kayan da na sha cusa wa mutanen garin a baki da su nake gyaran sojojina yanzu.

Amma Kasuwa ba abin wasa ba ce, ko matanmu ba su taɓa kiranta haka ba. Marigayi Ottmar Dörfler ne ya yi ta. Da ya dawo daga yaƙi ya tarar bom ya faɗa wa kasuwar garin ranar da take ci, ya tafi da mutane, gobara kuma ta bi ta cinye gidaje har da hotunan da ke ciki. Sai ya riƙa bin kangwaye yana tsince bututun dalma, yana narkawa, yana sassaƙa mutanen ɗaya bayan ɗaya daga abin da kansa ya riƙe. Mahauci da karkataccen wuyansa, tagwaye masu sayar da tuffa, tsohon da ke ja da kowa a kan farashin agwagwa, duk suna nan, sun haura ɗari. Ya liƙa su a kan faifan katako ɗaya, a gindin babban itacen oak na tsakiyar kasuwa, ya zana gidajen da suka ƙone a allon da ke bayansu. Da ya gama sai ya farfasa duwatsun, ya ce ba a haifar mutum sau biyu. Na yi shekaru ina kallon abin nan, kuma har kwanan gobe in na tsaya gabansa sai in tarar na rage murya ba tare da kowa ya ce in rage ba.

Ba a fasa gilashi ba, ba a ɓalle makulli ba. Mabuɗin kabad ɗin kuwa a hannun 'yar ƙungiyarmu Irmtraud Vogt yake.

Wannan kaɗai ya ishi masu neman magana, ga kuma abin da kowa ya tuna a safiyar. Mahaifiyar Irmtraud tana cikin Kasuwa, ita ce mai sayar da ƙwai a gindin itace. Irmtraud tana ƙarama ƙwarai bom ɗin ya faɗi, kuma duk duniya ba ta da wata fuskar uwarta sai wannan. Idanunta sun fara mutuwa, likitan birni ya ce ba za su kai baɗi ba. Ba sau ɗaya ba ta faɗa a gabanmu cewa tana so uwarta ta kwana a gidanta ko da dare ɗaya ne kafin duhu ya rufe ta. Da ta faɗa mun yi ta gyaɗa kai don tausayi. Yanzu masu gyaɗa kan ne ke maimaita maganar a bakin shagon burodi, har da ƙarin gishiri. Aka tsayar za a zauna Lahadi bayan coci, a karɓe mabuɗin, Litinin a miƙa sunanta ga 'yan sanda. Raina ya ɓaci ƙwarai, sai na ɗauki hulata na tafi neman Wendelin Pausch.

Wendelin abokina ne tun makaranta, kuma ba ya cikin ƙungiya, ba ya ma ɓoye dariyar da yake yi mana. Aikin daji ya yi har ya tsufa. Idan maharbi ya harbi barewa ta gudu da rauni, shi ake kira ya bi sawunta da karyarsa Selma don kada ta wahala a banza. Ya saurare ni yana shafa man shanu a burodi, ya tambaye ni ko 'yan tsanar tawa jini suke zubarwa. Na ce masa Irmtraud ce za ta zubar. Ya ajiye wuƙar ya ɗauko igiyar karya.

Ƙanƙara ta kwana tana sauka har wayewar gari. Ta rufe sawun shigar ɓarawon, ta bar mana na fitarsa, daga ƙofar baya da Gundula ke bari a buɗe saboda mai kawo burodi. Manyan takalman roba ne irin wanda kowane gida ke da shi, wanda mace ma za ta iya zurawa a kan nata takalmin. Ni abin da na gani ke nan, ramuka a cikin ƙanƙara. Wendelin ya durƙusa ya daɗe a kansu, sannan ya fara magana kamar yana karanta jarida. Ya ce mutumin ya buɗa ƙafafu, yana aza tafin ƙafa gaba ɗaya, dunduniya ba ta riga yatsu sauka. Taku gajeru ne. Abu mai faɗi ya rungumo da hannu biyu har ba ya ganin inda yake takawa. A bayan gidan akwai matakalar dutse da ke yanke hanya zuwa babban titi, kowa ta nan yake bi, amma wannan ya ƙi ta, ya zagaya ta doguwar gangara. Inda ƙasa ta daskare ya riƙa jan ƙafa maimakon ɗagawa.

Kamar ina ganin mutumin yana tafiya a gabanmu. Na tambayi Wendelin wane irin ɓarawo ne wannan.

Ya ce, “Ɓarawo sauri yake yi, Likita. Wannan mara lafiya ya ɗauko.”

Sawun ya bi gefen coci, ya shiga lungun masaƙa, ya tsaya cak a ƙofar gidan Irmtraud. Mutanen da suka biyo mu a baya ba su jira komai ba, wasu suka juya da gudu-gudu don kai labari. Wendelin bai ɗaga kai ba. Ya kira ni ya nuna mini sawu biyu a jere waɗanda ƙasansu ya narke ya sake daskarewa ya yi santsi. Ya ce mutum ya daɗe a tsaye a nan, fuskarsa na kallon ƙofa. A kan dokin ƙofar kuwa babu sawun roba ko ɗaya. Daga nan mutumin ya juya a hankali ya fita babban titi, inda motar hukuma ta riga ta share ƙanƙara ta watsa gishiri don ya narkar da sauran. Selma ta yi ta shinshina, ta yi atishawa, ta zauna tana kallon maigidanta.

Irmtraud ta buɗe mana kafin mu ƙwanƙwasa. Ta riga ta ji komai ta taga. Ta ba mu kofi da wainar tuffa, ta ciro mabuɗin daga zaren da ke wuyanta ta ajiye a kan tebur, ta ce ko wanka da shi take yi. Ba ta yi kuka ba, ita ba mai kuka ba ce. Wendelin ya tambaye ta ko akwai wani abu na Kasuwa a gidan. Ta ce akwai, kuma ƙungiya ta sani. Ta ɗauko ɗan akwatin ashana, a ciki kan auduga ga 'yar yarinya mai jar hula. Ita ce da kanta. Dörfler ya tsayar da ita a bayan uwarta, uwar na kallon masu saye. Lokacin da aka mayar da Kasuwa cikin sabon kabad, shekarar da ta wuce waccan, yarinyar ta ɓalle daga faifan, aka ba Irmtraud ta gyara gindinta. Idanun suka hana ta gamawa, kunya kuma ta hana ta faɗa.

Wendelin ya riƙe akwatin a tafin hannunsa da ya sha gatari, ya kusantar da shi fuskarsa, kuma a karo na farko ban ji ya yi ba'a ba. Ya tambaye ta ko tana tuna uwar. Ta ce abu ɗaya tak, tabon ƙuna a kumatu, wanda take taɓawa da yatsa in an ɗauke ta. Ta ce fuskar da ke cikin Kasuwa ba ta da tabo, kuma tun tana budurwa ake gaya mata cewa tunanin yaro ba abin dogaro ba ne, har ta daina faɗa.

Da muka fito na ce masa ai ga wani wanda ba a kula da shi ba. Herr Kastner, dillalin tsofaffin kaya daga birni, ya kwana a gidan Gundula saboda bajekolin ƙarshen mako, kuma bara ya taya Kasuwa muka kore shi. Muka same shi yana loda kwalaye a mota, sanye da farin safar hannu. Da ya gane abin da ya kawo mu sai ya fusata, ya buɗe motar ya ce mu duba, amma duk wanda ya murɗa masa kusurwar kwali zai sani. Babu komai sai jirage da motocin da ba su taɓa ganin rana ba.

Ya ce, “Ku yi mini adalci mana. In zan yi sata a ɗakinku, kwalin jirgin ruwan nan na kan kanta zan ɗauka, wanda takardarsa ba a ko yage ba. Kasuwarku wa zan sayar wa? Duk mai tara dalma a ƙasar nan ya san ta kamar fuskar matarsa.”

Wendelin ba ya ma sauraronsa, ƙafafunsa yake kallo. Mutumin dogo ne, yana ɗingisa ƙafar hagu, abin da babu shi a sawun da muka bi. Muka ba shi haƙuri, ya karɓa da ƙyar, ya kuma yi ƙoƙarin sayar mini da wani mahayin doki na dalma kafin mu tafi.

Muka koma ɗakin ƙungiya. Gundula ta ce ba ta taɓa komai ba sai tagar da ta rufe. Kwalin jirgin ruwan na nan a kan kanta, sauran ƙananan kabad-kabad ma ba a taɓa su ba. Wendelin ya tambaya dalilin da zai sa mai fita ta ƙofa ya buɗe taga. Ya zura kansa cikin babban kabad ɗin har kafaɗa, ya tsaya haka yana jan numfashi, har na ce masa ko ya karɓi aikin Selma ne. Ni hancina ya daɗe da mutuwa, magungunan haƙori sun gama da shi. Ya ɗan ɗaga kusurwar koren ƙyallen da bakin wuƙarsa, ya leƙa, ya mayar. Sannan ya tambaye ni wanda ya yi kabad ɗin.

Na ce shugabanmu ne, Alwin Röttger, kafinta ɗan kafinta, ya yi shi kyauta, ya kwashe hunturu guda a kansa, kuma ranar da ya kawo shi sai da muka tashi tsaye muka tafa. Wendelin ya ce to me ke kashe irin waɗannan 'yan tsana. Na lissafa masa, danshi, da gumin hannu, da tururin tsamin da wasu katakai ke fitarwa in an rufe su wuri ɗaya da dalma. Na ce katakon oak ya fi duka sharri, shi ne darasin farko da ake koya wa sabon shiga. Dalmar takan fara yin fari-fari, sannan ta zube kamar gari, kuma abin da ya ci ya ci. Ya gyaɗa kai, ya ce yunwa yake ji. Duk yadda na matsa masa bai ƙara mini ko kalma ba.

Lahadi bayan coci ɗakin ya cika, har waɗanda suka daina zuwa taro sun zo. Irmtraud ta zauna ita kaɗai a gefen murhu, kujerun da ke kusa da ita babu kowa sai da na ja tawa. An roƙi Herr Kastner ya tsaya, yana bakin ƙofa yana duba agogo. Alwin ya zauna a kujerar shugaba. Mutum ne da in ya yi gaisuwa a wannan ɗaki ana amsawa daga ƙasan bene, amma ran nan da ƙyar aka ji buɗe taronsa. Na lura da muƙamuƙinsa na motsi yana cizon haƙora, na ce a raina baƙin cikin kabad ɗinsa ne.

Aka ba Wendelin dama. Ya tashi, hula a hannu, ya ce ya kasa. Sawu ya kai shi ƙofar Irmtraud, bai shiga ba, ya ɓace a kan gishiri. Baƙon birni kuma ƙafarsa ta wanke shi. Ɗakin ya ɗauki gunaguni. Wani ya ce sawun da ya je ƙofa ai ya gama magana. Wendelin ya ce wannan ruwansu ne, shi dai shawara ɗaya gare shi. Akwai yanki ɗaya na Kasuwa da ya rage, kuma bai kamata ya ci gaba da zama a hannun wadda ake zargi ba. A mayar da 'yar yarinyar cikin kabad, a kulle, a ba 'yan sanda mabuɗin, kada a sake buɗewa sai ranar da aka ga sauran, ko da shekara nawa za a yi.

Na ji kamar in shaƙe shi. Kowa ya ce wannan daidai ne. Irmtraud ta dube ni, sannan ta tashi. Ta ciro akwatin ashanar daga jakarta, ta lalubi yarinyar da ɗan hantsaki, ta tsayar da ita a tsakiyar koren ƙyallen. Jar hular nan ita kaɗai a cikin wancan babban fili. Ta tura ƙofa ɗaya. Ta kama ta biyu.

“Fitar da ita, Irmtraud.”

Alwin ne. Yana tsaye, kujerarsa ta faɗi a bayansa. Ya sake faɗa, wannan karon da roƙo, sannan ya zo da kansa ya cusa hannu tsakanin ƙofofin.

Wendelin ya ce a hankali, “Me zai same ta a ciki, Alwin? Ba aikin hannunka ba ne?”

Alwin ya kama koren ƙyallen ta gefe, ya jira Irmtraud ta ɗauke yarinyar, sannan ya yaye shi. A ƙarƙashi ga wani faffaɗan katako mai duhu, an goge shi har yana ɗaukar ido. Duk wanda ke ɗakin ya san ko wane katako ne. Wata tsohuwa a baya ta rufe baki da hannu.

Ya yi bayani yana kallon ƙasa. Itacen oak na tsakiyar kasuwa, na gaske, wanda bom bai kayar ba, guguwa ta kayar da shi shekarun baya, kuma Alwin ya sayi gindinsa ya ajiye. Da ya zo yin kabad sai ya ga bai dace mutanen nan su tsaya a kan wani katako ba alhali ga itacen da suka yi ciniki a inuwarsa. Ya san doka, shi ke koyar da ita. Amma ya ce wa kansa itacen ya bushe sarai, ya kuma shafe shi da mai har sau da yawa, ba abin da zai fita. Ya ɓoye shi a ƙarƙashin ƙyalle don ya yi mana albishir ranar bikin cikar shekarun ƙungiya. Ya manta cewa Dörfler ba da kuza mai jure tsami ya yi aiki ba, da dalmar bututu zalla ya yi, wadda ba ta da ƙarfin jure komai. Ranar Juma'a bayan taro ya ɗora tabaron ƙara girma a jikin gilashi, ya ga fari a kafaɗar mahauci. Bai runtsa ba. Da gari ya fara wayewa ya zo da mabuɗin da ya rage masa tun ranar da ya sa makullin, ya ɗauke faifan, ya buɗe taga da ƙofofi don tsamin ya fita. Niyyarsa ya wanke su, ya canja katakon, ya mayar kafin a gane dalili.

Irmtraud ta tambaye shi me ya kai shi ƙofarta.

Ya ce, “Na zo in gaya miki ne. Hannuwana biyu a cike, ba halin ƙwanƙwasawa, kuma ba zan ajiye su a kan ƙanƙara ba.”

Wendelin ya ce, “Bakinka fa? Shi ma kaya ya ɗauko?”

Babu wanda ya tausaya wa Alwin a lokacin, har da ni. Ya bar mace mai mutuwar ido ta kwana da sunan ɓarauniya saboda kada a ce kafinta ɗan kafinta ya yi kuskuren sabon shiga. Masu gyaɗa kan nan suka fara matsowa kusa da Irmtraud suna neman abin faɗa. Ba ta kula su ba. Ta sa rigar sanyinta ta ce wa Alwin ya wuce gaba, tana so ta ga uwarta.

Mu huɗu muka shiga shagonsa, sauran suka tsaya a waje. Kasuwa na kan teburin aiki a gaban taga, hasken rana mai sanyi na kanta. Ban taɓa ganinta babu gilashi a tsakani ba. Ana iya ganin inda buroshin Dörfler ya bi, ƙwayar idon agwagwa, ɗinkin aljihun mahauci, duk daga kan mutum ɗaya da ya ƙi yarda a manta. Wendelin, wanda ya yi shekaru yana yi mana dariya, ya cire hularsa, ya ce wa Selma ta kwanta a bakin ƙofa.

Yawancinsu sun tsira da ɗan fari a kafaɗa ko gefen riga. Waɗanda ciwon ya fi kamawa Alwin ya ɓamɓaro su daga faifan ya kwantar a kan auduga a gefe. Mai sayar da ƙwai na cikinsu. Ya miƙa wa Irmtraud tabaron. Ta sunkuya. Na leƙa ta kafaɗarta, nan take na so a ce ban leƙa ba. Kwandon ƙwan na nan, rigar na nan, amma fuskar ta tafi. Daga goshi zuwa haɓa babu komai sai fari mai ramuka-ramuka.

Ta daɗe tana kallo. Alwin ya fara cewa wani abu, ta ɗaga masa hannu ya yi shiru. Ta kama gindin da hantsaki don ta mayar kan audugar, kuma saboda ba ta so ta ci gaba da ganin wancan farin, sai ta kife ta.

Irin waɗannan mutum-mutumin gefe biyu ake sassaƙa su, amma wanda zai liƙa su a gaban allo ba ya wahalar da kansa da fentin bayan, tunda babu mai gani. Dukanmu haka muke yi. Dörfler bai yi haka ba. Gefen da ya yi shekaru yana fuskantar allo, wanda ido bai taɓa sauka a kansa ba tun ranar da aka liƙa shi, an yi masa fenti tsaf, launinsa sabo kamar jiya aka gama, kuma ciwon bai taɓa shi ba. Matar ce dai, daga ɗayan ɓangaren fuskarta, da ɗan murmushi a gefen baki. A kan kumatun, ƙasa da ido kaɗan, ga wani ɗigo ja-ja da bai kai kan allura ba.

Irmtraud ta matso da tabaron, ta janye, ta sake matsowa. Ta ce, “Likita, idanuna ba su da gaskiya yanzu. Gaya mini abin da ke nan.”

Na karɓa na duba da kyau, kamar yadda zan duba haƙori. Na ce mata ba datti ba ne, ba tsatsa ba ne, da buroshi aka ɗiga shi. Tabon ƙuna ne.

Ta ajiye hantsakin. Duk dokar da muka koya ta hana a taɓa dalma da hannu, ita ce ma mai tsawata wa kowa a kai. Ta miƙa ɗan yatsanta ta aza a kan kumatun, ta bar shi nan. Babu wanda ya hana ta.

Ba a kira 'yan sanda ba. Alwin ya sauka daga shugabanci a ranar, kuma hukuncin da Irmtraud ta yanke masa shi ne ya cire katakon da hannunsa ya sa wani, Wendelin ya shinshina kafin a yarda. Faffaɗan oak ɗin ya zama benci a ƙofar gidan Gundula. A daren nan mai sayar da ƙwai ta kwana a gidan 'yarta, ƙungiya ba ta ma zauna a kai ba.

Da aka zo mayar da kowa wurinsa, dole aka juya ta, lafiyayyen gefen ya fuskanci gilashi. Juyin ya sa ta ba masu saye baya. Irmtraud ta tsayar da yarinya mai jar hula a tsohon gurbinta, daidai inda alamar gam ɗin Dörfler take, ta ja da baya ta ce in gaya mata yadda suka tsaya. Na ce mata uwar na kallon 'yarta.